Kurambul ɗina na pich da buluberi ya tsinke ya zama ruwa, a ina na kuskure?

Maman Ilham: Assalamu alaikum 'yan uwa, da fatan mun tashi lafiya. Dan Allah masu gashi ku taimaka min. Ranar Asabar mun je wata gona kusa da Hammonton nan jihar Niyu Jasi ta Amurka, irin gonar da ake ba ka bokiti ka shiga ka tsinko da hannunka a auna ka biya, yara suka cika bokiti biyu da buluberi, wasu ƙananan 'ya'yan itace ne shuɗi-baƙi, a hanyar dawowa kuma muka sayi kwandon pich, shi kuma ɗan itace ne mai ruwa da ƙwallo ɗaya a ciki. To maƙwabciyata ta taɓa kawo mana wani abu da suke cewa kurambul, 'ya'yan itace a ƙasa, sama kuma garin fulawa da bota da suga ya gasu ya yi ƙamas-ƙamas, wlh har yau Baban Ilham yana zancensa. Shine jiya na ce bari in yi tunda muna da baƙi. Ƙamshi kam ya cika gida amma ina saka cokali sai ruwa tsululu, saman kuma ya jiƙe ya caɓe ya nutse ciki, gaba ɗaya ya koma shuɗi-shuɗi. Raina ya ɓaci sosai dan kayan masu kyau ne. Saura rabin kwando kuma bana so su lalace, a ina na kuskure?

Anti Rabi: Wa alaikumus salam ƙanwata. Kwantar da hankalinki, abu ne mai gyaruwa. Faɗa min tukuna, pich nawa kika yanka, buluberi nawa, me kika zuba a cikinsu kafin ki rufe da garin, kuma minti nawa ya yi a obin?

Maman Ilham: Anti manya guda 6 ne, buluberi kofi 2, suga kofi ɗaya na zuba a kai na juya na ajiye na je na yi sauran aiki, kila ya kai awa ɗaya a ajiye. Sai na juye duka har da ruwan a kwanon Pyrex mai zurfi. Na rufe da foyil dan kar ya ƙone, daga baya na buɗe, da naga saman ya fara ja na cire, minti 25 ko 30 haka. Da zafinsa na kai tebur.

Anti Rabi: To ai kin faɗi amsar da bakinki. Ba ki saka abin da zai kama ruwan ba, wannan shine babba. Pich nunanne kusan duk ruwa ne, kuma da kika zuba masa suga kika barshi awa guda sugan ya jawo ruwan ya fito waje, kamar dai yadda gishiri yake yi wa yankakkiyar albasa ko kokwamba. Ga foyil kuma ya tare tururi ya dawo da shi kan garin. Sannan kin cire da wuri. Ba launin sama kaɗai ake kallo ba, sai kinga ruwan yana ɓararraka ta gefe-gefe har zuwa wajen tsakiya, kumfar tana tasowa a hankali da kauri, ba shar-shar ba.

Ummu Sadiq: Gaskiya Anti ta faɗa. Kon fulawa, wato garin sitacin masara, cokalin cin abinci 2 ya ishi wannan yawan. Amma ki sani shi sitaci baya kama ruwa sai ya tafasa, kamar dai kunu ne, in ruwan bai tafasa ba ai kullun baya damuwa sai ya tsinke. Dan haka ko kin saka in kika cire a minti 25 aikin banza ne, har ma ki riƙa jin gari-gari a baki. Ni nawa minti 40 zuwa 45 yake yi a 375 na obin ɗinmu na nan.

Anti Rabi: 375 ɗin Amurka shine 190 a namu ma'aunin, in obin mai fanka ne a rage zuwa 170. Masu gas mai lamba a saka a 5.

Hajiya Kande: Salamu alaikum. Ni fa tun ɗazu ina bin zancen nan ban gane ba, kek ne ko me? Shekarata 20 da wani abu ina gashin kek da cincin na biki a Kano ban taɓa jin ana gasa 'ya'yan itace tsurarsu haka ba ƙwai ba yis ba bekin foda.

Anti Rabi: Hajiya barka da warhaka. Ba kek bane, ba a kwaɓa shi ma sam. Kin san yadda ake murza tsaki da mai in za a yi dambu ya yi wara-wara? To haka ake murza bota cikin fulawa da suga, sai a barbaɗa a saman yankakkun 'ya'yan itace a gasa. Ƙasa ya dahu ya yi kauri da ɗan tsami-tsami, sama ya yi rumus. Abincin Ingila ne na gida-gida, lokacin yaƙin duniya na biyu ya bazu, saboda tun watan Janairun 1940 gwamnati ta fara raba bota da suga da kati, kowa da ɗan abin da za a ba shi a sati, suga ma sai 1953 aka sake shi. To matan sai suka ga abin da zasu kashe wajen yin ɓawon fulawa na ƙasa da na sama ya yi yawa, gara su murza ɗan abin da suke da shi su yayyafa a sama kawai. Har yau a makarantun yara nan ana basu na tuffa da kastad. Na pich da buluberi kuma na lokacin zafi ne, ya fi yawa a wajen su Maman Ilham dan su suke noma su, mu nan Bamingham pich ɗinmu yawanci daga Sifen da Italiya yake zuwa.

Hajiya Kande: Ikon Allah. Ashe dabarar rashi ce.

Ummu Sadiq: Amma Anti ni wajen murza bota mai sanyin nan ne bamu daidaita ba. Ni narkar da ita nake yi in zuba kan fulawa da Quaker Oats da suga mai ruwan ƙasa da dakakken pikan, wata ƙwaya ce da ake ci kamar gyaɗa, in juya da cokali mai yatsu, sai ya dunƙule manya-manya, in ya gasu har ƙara yake a baki. Minti 5 na gama, ba ciwon yatsu.

Anti Rabi: Maman Sadiq wannan naki ai a can ma kirisp suke ce masa, da zarar ots ya shiga ya tashi daga kurambul na asali. Ban ce ba daɗi ba fa, na ci, amma ya fi kama da biskit da aka farfasa. Bota mai sanyi in kika murza ta da kan yatsu, ƙananan gutsattsarinta suna nan a cikin garin basu narke ba, sai a cikin obin suke narkewa su bar ɗan gurbi, shi yasa yake fitowa ba nauyi yana narkewa a harshe. Fulawa giram 200, bota giram 100, suga giram 100, ɗan gishiri. Shikenan. Haka wata tsohuwa maƙwabciyata ta koya min shekarar da na zo ƙasar nan, ta kama hannuna ta nuna min yadda ake ɗaga garin sama ana sakinsa dan iska ta shiga, ta ce kar tafin hannu ya taɓa dan tafi ya fi zafi. Allah sarki, ta rasu yanzu, amma duk sanda nake murzawa sai na tuna ta.

Ummu Sadiq: Na yarda nata ya fi laushi, amma fa ki duba abin da ake gasawa. Tuffa ba ta da ruwa sosai, garin Ingila mai laushi yana zama lafiya a kanta. Pich na tsakiyar watan Yuli da buluberi kuwa tafki ne, in kika ɗora gari mai laushi rabinsa zai sha ruwa. Ots da ƙwaya su suke tsayawa su riƙe kansu. Ni a nan Atlanta duk shekara nake yi, na gwada duka biyun kafin in tsaya a nan.

Anti Rabi: Wannan hujja ce, ban musa ba. Amma akwai magani, in kin gama murzawa ki yayyafa ruwan sanyi ƙaramin cokali 2 ki juya da wuƙa ya ɗan dunƙule, sai ki saka a firiza minti 15 kafin ki barbaɗa. Kuma kar a danna shi da hannu, a bar shi sakayau tururi ya samu hanyar fita.

Maman Ilham: Ni fa bota ta ba sanyi ba narkakkiya, tana kan kantar kicin tun safe ta yi laushi, da na juya sai ya zama kamar kwaɓin cincin na riƙa gutsurawa ina ɗorawa.

Ummu Sadiq: Ai kuwa wannan ce mafi muni a cikin ukun. Ki zaɓi ɗaya, ko daskararriya ko narkakkiya.

Zubaida: Slm Antocina. Ina karatu a Alƙahira, mu nan khokh ake ce wa pich kuma in lokacinsa ya zo yana da araha a kasuwa, buluberi ne sai manyan kantuna a ɗan ƙaramin roba da tsada. Tambayata ɓawon, ana ferewa ne ko a barshi? Dan wannan gashi-gashin na jikinsa ni yana sa min ƙaiƙayi a leɓe.

Ummu Sadiq: Ni bana ferewa. In wanke in goge da tsumma gashin ya fita, in ya gasu ɓawon laushi yake yi kuma shi yake ba ruwan wannan jan launi mai kyau.

Anti Rabi: Ni kuma ina cirewa dan yarana in suka ji ɓawo ya naɗe musu a harshe sai su ture kwanon. Zubaida ba da wuƙa za ki fere ba, asarar tsoka za ki yi. Ki ɗan tsaga gindinsa gicciye, ki jefa a tafasasshen ruwa sakan 30 zuwa minti 1, ki tsamo ki saka a ruwan ƙanƙara, zai saɓule da hannu kamar na tumatir. In ya ƙi saɓulewa to bai nuna ba.

Maman Ilham: Nawa wajen cire ƙwallon ma na sha wuya a wasu, wasu kuma ina murɗawa suka rabe biyu ƙwallon ya faɗo.

Ummu Sadiq: Iri biyu ne ai. Akwai mai manne wa ƙwallo, shi yake fara fitowa farkon kaka wajen Mayu da Yuni, kuma irinsa ake yawan sakawa a gwangwani. Mai sakin ƙwallo sai kaka ta yi nisa, Yuli zuwa Agusta, shine na gashi dan yana yankuwa da kyau. Ki tambayi masu gonar zasu faɗa miki. Kuma dan Allah kar ki saka wanda bai nuna ba a firji, sanyin yana lalata cikinsa ya koma kamar auduga ba ruwa ba ƙamshi, kuma baya gyaruwa. Ki barshi a waje cikin jakar takarda kwana 1 ko 2, in kin ɗan danna wajen hancinsa kin ji ya amsa kuma ƙamshi na tashi to ya yi. Sai bayan nan ne zai iya shiga firji. Wani abu kuma, ƙwallon nan a zubar, kar yara su fasa su ci 'yar ƙwayar ciki dan tana da guba.

Zubaida: Nagode Anti. Ashe jiharku Jojiya ce garin pich, naga har a lambar motocinku ana zana shi.

Ummu Sadiq: Sunan dai namu ne amma Kalifoniya ta fi kowa noma shi nesa ba kusa ba, ko maƙwabtanmu Karolina ta Kudu sun fi mu. A 2023 ma kusan kashi 90 cikin 100 na amfanin jihar nan ya lalace, hunturu bai yi sanyi yadda ya kamata ba itatuwa suka yi fure da wuri, sai sanyi mai tsanani ya dawo a watan Maris ya ƙone furen. Shekarar nan na tausaya wa manoman wlh, rumfunan bakin hanya da muka saba tsayawa duk a rufe ko kuma kayan wata jiha suke sayarwa. Asalin itacen ma daga Chaina yake, kuma har yau su suka fi kowa noma shi a duniya.

Hajiya Kande: To ni yanzu tambayata mu na gida fa? In na samu ƙwallon na shuka a bayan gida zai yi?

Maman 'Yan Biyu: Hajiya da wuya gaskiya. Itacen yana buƙatar ya sha sanyi na ɗaruruwan awoyi a hunturu, sanyi irin na ƙasa da digiri 7, kafin ya farka ya yi fure yadda ya kamata, hunturun Kano bai kai nan ba. Buluberi kuma ƙasa mai tsami yake so sosai. Mu nan Jos dai Allah ya bamu sitiroberi, lokacin sanyi ake samunsa, kuma na taɓa yin wannan gashin da shi da tuffa ya yi daɗi ba kaɗan ba.

Maman Ilham: Maganar ƙasa mai tsami gaskiya ce, wajen da muka je ƙasar yashi ce fara-fara cikin dajin itatuwan fayin. A nan jihar ma aka fara noma shi a gona, da a daji kawai ake tsinta. Wata mata Elizabeth White 'yar manomi a Whitesbog ita ta haɗa kai da wani masanin tsirrai na gwamnati Frederick Coville, ta riƙa biyan mutanen daji suna nemo mata bishiyoyin da suka fi manyan 'ya'ya, a 1916 suka fara kai na gona kasuwa. Mun kai yara wajen bara, abin ya burge ni dan mace ce ta tsaya a kai lokacin da ake cewa ba zai nomu ba.

Hajiya Kande: Masha Allah. To amma ni gaskiya zan faɗa, ban ga dalilin da mace a Kano za ta je kanti ta zubar da kuɗi kan ɗan roban 'ya'yan itacen da ya yi sati-sati a hanya ba, alhali lokacin mangwaro har ruɓewa yake a Yan Lemo. In dai dabarar ita ce murza gari a barbaɗa, me zai hana mu yi da namu?

Anti Rabi: Hajiya babu abin da zai hana, kuma hakan shine daidai, su ma ai abin da ke bayan gidansu suke gasawa. Sai dai a zaɓi mangwaro mai tsoka marar zare, wanda ya nuna amma bai yi ligif ba. Mai zare in ya gasu ba ya ciyuwa. A rage suga sosai a ƙara lemon tsami, dan shi pich yana da ɗan tsaminsa, mangwaro kuwa zaƙi zalla.

Fati Maraɗi: Sannunku da hira. A madadin buluberin nan fa, ɗinya ba ta yi? Na ga hoton da Maman Ilham ta sanya sun yi kama.

Maman 'Yan Biyu: A ido ne kawai suka yi kama 'yar uwa. Ɗinya ƙwallo ne babba da 'yar tsoka a jiki, kuma ba ta da ruwa. Shi buluberi ba ƙwallo, in ya ji wuta fashewa yake ya saki ruwa mai ɗan tsami ya rina komai. In tsamin da launin ake nema ni da zoɓo na gwada, na jiƙa 'yar kaɗan ta yi laushi na yayyanka ƙanana na cakuɗa da mangwaro. Ba ɗanɗano ɗaya bane, ba zan yi ƙarya ba, amma ya karya zaƙin kuma jan ya fito.

Ummu Sadiq: Kin tuna min, Maman Ilham kin ce naki ya koma shuɗi, kin saka bekin foda ko soda a garin?

Maman Ilham: Na saka soda kaɗan, na ɗauka zai sa ya tashi.

Ummu Sadiq: To shine. Launin buluberi dangin na zoɓo ne, kin san in kanwa ta taɓa zoɓo yadda yake dusashewa ya yi duhu, in aka matsa lemon tsami kuma ya ƙara ja. Soda aikin kanwa take yi. Ki barta gaba ɗaya, ba abin da ake so ya tashi a nan. Ki matsa rabin lemon tsami a 'ya'yan itacen.

Hajiya Kande: Wannan kon fulawar da kuke ta faɗa, in babu fa? Kullun koko zai yi?

Anti Rabi: Hajiya garin kastad da ke kicin ɗinki ma ya isa, ai yawancinsa sitacin masara ne da launi da ƙamshi. A garin nan da nake zaune aka ƙirƙiro shi, wani mai haɗa magunguna Alfred Bird a 1837, matarsa ce jikinta baya karɓar ƙwai shine ya haɗa mata wanda ba ƙwai. Cokali 2 a cikin 'ya'yan itacen, sauran kuma ki dama da madara ki zuba a kai lokacin ci, haka turawan nan suke ci. Ko fulawa ma tana yi sai dai a ninka, kuma ruwan ba zai yi garau ba.

Zubaida: Ni wani abu ne yake damuna, duk inda na duba sai naga ana saka ruwan banila, kuma na karanta jikin kwalba naga an rubuta akwai giya a ciki.

Ummu Sadiq: Haka ne, a Amurka doka ce ma, ba a kiransa tsantsar ruwan banila sai barasar da ke ciki ta kai kashi 35 cikin 100 dan da ita ake tatso ƙamshin. Malamai sun yi magana a kai kuma ba bakinsu ɗaya ba, ni ba zan yi fatawa a nan ba, kowa ta tambayi malaminta. Ni dai na huta, ina sayen wanda aka rubuta ba barasa ko na gari.

Anti Rabi: Kuma ma ba dole bane. Pich da citta sun fi dacewa a wajena, ɗanyar citta ƙaramin cokali 1 a goge. Ko kirfa kaɗan, ko gyaɗar ƙamshi. Amma a yi hankali, in kirfa ta yi yawa ita kaɗai za a ji, ƙamshin pich ɗin da aka sha wuya aka samo ya ɓace. Kanumfari kam kar ya zo kusa.

Fati Maraɗi: Mu da ba mu da obin fa Anti? Kuma wuta ba ta zama.

Hajiya Kande: Wannan kuma fannina ne, bari in amsa. Yadda muke gasa kek tun kafin obin ya yawaita, babbar tukunya a zuba yashi mai tsabta a ƙasa ko a jera duwatsu uku, a rufe ta yi zafi sosai tukuna, sai a ɗora kwanon a kai kar ya taɓa gindin tukunya. Amma yadda na fahimci bayaninsu wannan abu saman ne yake son wuta, dan haka garwashin kan murfi ya fi na ƙasa yawa, kuma a ɗan saka tsinke a bakin murfin tururi ya riƙa fita in ba haka ba zai ɗigo ya jiƙa garin. Su Rabi ku gyara min in na yi kuskure.

Anti Rabi: Babu gyara Hajiya. Abin da zan ƙara, in ana tsoron saman ba zai yi ba, a raba aikin biyu, a dafa 'ya'yan itacen a tukunya da suga da sitaci har su yi kauri, garin kuma a soya shi shi kaɗai a busasshen kasko da wuta kaɗan ana juyawa har ya yi ja, sai a haɗa a kwano lokacin ci. Ko a manyan gidajen abinci wasu haka suke yi dan kar saman ya jiƙe.

Hajiya Kande: Ma'aunin fa, mu da gwangwanin madara muke awo ba giram ba. Kuma man shanu zai yi?

Anti Rabi: Fulawa gwangwani 3, suga 1, bota 1, zai kai ki kusa. Soyayyen man shanu zai yi amma hanyar Maman Sadiq za ki bi ta narkakke, ki ɗan rage shi dan shi mai ne zalla, bota kuwa akwai ruwa a cikinta. Ƙamshinsa zai fito fili fa, wanda yake so zai so. In kin samu mazarƙwaila ki daka ki haɗa rabi da suga, ita za ta baki ɗanɗanon wannan sugan mai ruwan ƙasa, soyayyar gyaɗa kuma ta tsaya a madadin pikan.

Maman Ilham: Kai Allah ya saka da alheri, na rubuta komai. Sauran buluberin da ba zan iya cinyewa ba fa?

Ummu Sadiq: Ki baza su a tire a bushe ki saka a firiza, in sun daskare ki juye a leda, zasu yi watanni. Ranar gashi kar ki bari su narke, ki zuba su haka da ƙanƙararsu ki ƙara minti 5 zuwa 10. Kuma ki canza kwano, mai faɗi marar zurfi ya fi, ruwa ya samu wajen ƙonewa kowa kuma ya samu rabonsa na saman. Ki ɗora shi kan tire dan in ya tafasa yana zubowa, kuma in ya ƙone a gindin obin wankinsa aiki ne.

Anti Rabi: Suga kuma kofi ɗaya ya yi yawa ƙanwata, ki ɗanɗana pich ɗin tukuna, in ya nuna sosai cokali 3 ko 4 ya isa tunda saman ma da zaƙinsa. Sai obin ya yi zafi garin yana firiza sannan ki haɗa 'ya'yan itacen, kar su zauna jira. In kin cire ki barshi minti 20 zuwa 30 kafin kowa ya taɓa, a nan yake ƙarasa kamawa.

Maman Ilham: Salamu alaikum, na dawo da labari. Yau bayan la'asar na sake. Na rasa wa zan bi tsakanin Anti Rabi da Maman Sadiq sai na murza bota mai sanyi kamar yadda Anti ta ce amma na cire fulawa giram 50 na maye da ots. Pich 6 na saɓule ɓawon 3 na bar 3, buluberi kofi 2, suga cokali 4, kon fulawa cokali 2, rabin lemon tsami, citta, ba soda ba foyil. A minti 30 saman ya yi ja hannuna har ya kai ƙofar obin sai na tuna, na tsaya ina leƙe ta gilashi, sai a minti 43 naga tsakiyar ta fara tasowa da kumfa mai kauri ja-ja tana hudo garin. Jiran rabin awan nan ne ya fi wuya dan yara sun kewaye kanta da cokulansu. Alhamdulillah da na ɗiba gurbin cokalin ya tsaya bai rufe ba, saman kuma har ƙara yake. Ɓawon da na bari ban ma ji shi ba, gaba ba zan wahalar da kaina ba. Na ɗibar wa maƙwabciyar tawa a kwanon da ta kawo mana nata wancan karon.

Ummu Sadiq: Masha Allah! In ya kwana kar ki ɗumama a maikurowef zai yi laushi, ki mayar obin minti 10.

Anti Rabi: Barka ƙanwata, na ji daɗi wlh. Wani karon ki gwada ba ots ko sau ɗaya ne ki faɗa min.

Hajiya Kande: Ni ma na aiki yaro ya duba min ko da sauran mangwaro a kasuwa, in an samu gobe zan hura gawayi. Maman 'Yan Biyu zoɓon nan kamar yaya kika saka, cikin hannu ɗaya ko rabi?

Maman 'Yan Biyu: Rabi Hajiya, ga manyan mangwaro 4. Ki jiƙa a ruwan ɗumi ki wanke yashin sosai tukuna, ruwan jiƙon kuma ki ajiye ki sha, kar ki zuba a ciki.